Mutum-mutumin sojan da ake cewa yana cin gawa, da murhun ƙiraren da na auna shi da shi

Yaron shagona ne ya kawo maganar, wata Asabar muna tsaka da kwance wani janareta mai shan baƙin mai kamar ruwa. Ya ajiye sifana, ya goge hannu a wando, ya miƙo mini wayarsa.

"Oga, ka ga abin da Amurka ta ƙera? Mutum-mutumin soja ne, in mai ya ƙare masa gawa yake ci."

Hoton da aka liƙa wa saƙon wani dodon ƙarfe ne mai jajayen idanu, irin wanda ake zanawa da kwamfuta. Na ce masa ya ɗauki sifanarsa, don labarin nan ya girme shi a sana'a. Tun 2009 yake yawo, ya kwanta shekara biyu ko uku, sai wani ya sake tono shi a Facebook ko WhatsApp kamar jiya aka yi. Amma yaron bai bar ni ba, kuma ni ma abin ya zauna mini a rai, saboda shekara talatin da ɗaya ke nan ina cin abinci da inji. Mutane kan kawo mini inji, ko takardarsa kawai, in duba musu kafin su zuba kuɗi. Tambayoyina ba sa canzawa: me yake ci, me yake bayarwa, ina yake fara lalacewa, wa zai gyara shi in ya tsaya a daji. Su zan yi wa wannan ma.

Sunansa EATR. Haruffan farko ne na wani dogon suna na Turanci, amma an tsara su yadda in ka furta sai su ba da ma'anar "mai ci", kuma a ganina tun daga nan masu shi suka fara jawo wa kansu. Kamfanoni biyu ne a kansa. Robotic Technology Inc. na jihar Maryland, wanda Dakta Robert Finkelstein ke shugabanta a lokacin, shi ne mai tunanin da ƙwaƙwalwar na'urar. Cyclone Power Technologies na garin Pompano Beach a jihar Florida, na Harry Schoell, shi ne mai injin. Kuɗin bincike kuma daga DARPA ya fito, hukumar da ke nema wa sojan Amurka sababbin dabaru tun 1958. Ba mutum-mutumi ba ne mai ƙafa biyu da kai. A zanensu mota ce marar direba, da hannun ƙarfe guda a jikinta mai kamawa, da zarto mai inji, da kyamarori, da wata na'ura mai harba haske ta auna nisan abin da ke gabanta. Ta hango itace, ta matsa, ta yanka, ta daddatsa, ta zuba a murhun da ke cikinta.

Babu shagon da ake sayar da ita, babu kuma rundunar da ta taɓa ɗaukar ta aiki, don haka ban kwance ta da hannuna ba. Abin da ke hannuna shi ne alƙaluman da masu ita suka bayar, da kuma wani ƙaramin murhu da ƙanena ya aiko mini daga Jamus, mai cin ƙirare ya ba da wutar cajin waya. Zan zo kansa, don shi ya koya mini abin da takarda ba ta faɗa.

Da farko sai an yi musu adalci, domin matsalar da suka tashi magancewa ta gaske ce. A yaƙin Afganistan, kaso mai yawa na man da sojan Amurka ke ƙonawa ta tashar ruwan Karachi yake sauka, tankoki su ɗauka su ratsa Pakistan, su shiga ta mashigar Khyber ko ta Chaman. Hanya ce ta kwanaki, kuma an ƙone tankoki da yawa a kanta. Wani rahoto na rundunar sojan ƙasa ta Amurka da ya fito a 2009 ya ƙiyasta cewa a shekarar 2007, cikin kowane ayarin mai 24 a Afganistan akan rasa mutum ɗaya ko ya jikkata. A wannan shekarar ta 2009 aka ruwaito cewa galan ɗaya kan iya tashi a dala 400 kafin ya isa wasu sansanoni na can cikin duwatsu, in an haɗa kuɗin jirgi da na masu rakiya. Duk wanda ya taɓa kwana a layin gidan mai da jarka ya san ciwon ka ga inji lafiyayye a tsaye saboda babu abin zuba masa. To ka ƙara da harsashi. Wanda ya zo ya ce yana da motar da za ta nemi abincinta da kanta, dole a ba shi kujera a saurare shi.

Injin ma ba abin rainawa ba ne. Wanda muka saba da shi, na mota ko na janareta, a cikin silinda wutar ke tashi, shi ya sa yake da tsirfa: ka zuba wa na fetur dizal ka ga fushi. Na Cyclone kuwa a waje wutar take ci. Murhu ya dafa ruwa a cikin siraran bututu, tururi ya tura fistin, fistin ya juya sanda, sannan tururin ya huce ya koma ruwa ya sake zagayowa, ba a zubar da shi. Silinda shida ne a zagaye kamar wayoyin tayar keke. Tunda zafi kawai yake so, bai damu da abin da ya kawo zafin ba. Sun lissafa fetur, dizal, kananzir, iskar gas, kwal, man girki, duk yana ci. Abin da ya fi burge ni a matsayina na bakanike shi ne cewa da ruwan nan yake sulɓi, ba ya buƙatar baƙin mai. Wanda ya san yawan injinan da suka mutu a hannun masu su saboda an manta da juyen mai zai gane abin da nake nufi. Sai dai kada a ce mana sabon abu ne. Jirgin ƙasan da ya iso Kano a 1911 ɗan gidansu ne, bambancin kawai shi yana da ɗan wuta, mutum mai shebur da gumi, wanda ke ciyar da shi.

Ga alƙalamin da suka fi tallata shi: fam 150 na ciyayi da itace zai kai motar mil 100. A ma'auninmu kilo 68 ke nan, tafiyar kilomita 160. Na ɗauki biro na buga a bayan wata tsohuwar takardar rasit. Zafin da ke cikin lita ɗaya ta dizal, sai ka ƙona wajen kilo biyu da rabi na busasshen itace kafin ka same shi. Kilo 68 ya tashi wajen lita 27, wato jarka ɗaya da ɗan ɗori. Babbar mota ta ci lita 27 a kilomita 160, wannan ba ƙarya ba ce, ana yi. Lissafin ya zauna. Amma ya zauna ne a kan kalma guda, busasshe, kuma a nan murhun ƙanena ya shigo.

Girmansa kamar babban gwangwanin madarar gari, da ƙafa uku masu naɗewa. A gefensa akwai wani akwati mai wani ƙarfe da ya leƙa cikin wutar. Ƙarfen ya ɗebo zafi ya kai wa wani ɗan faranti, wanda in gefe ɗaya ya yi zafi ɗayan yana da sanyi sai lantarki ya gudana. Wani Bajamushe, Thomas Seebeck, ya gano haka tun 1821, kuma a yaƙin duniya na biyu 'yan sari-ka-noƙen Rasha sun riƙa kunna rediyonsu da wata tukunya mai irin wannan dabarar, su ɗora ta kan wuta a daji. Lantarkin da nawa ke samarwa, kaso na farko fanka ce ke sha, tana hura wutar, ragowar ya shiga batir ya fito ta kafar caji. A jikin kwalinsa an rubuta wat 3. Da na matsa wa ƙanena ya faɗa mini kuɗinsa, sai na ga ya fi na ƙaramin janareta irin na masu cajin waya a bakin kasuwa. Na ce masa Allah ya saka, amma da ya tambaye ni tukuna.

Ba injin tururi ba ne, kuma na san na Cyclone ya fi shi iya tatsar aiki daga wuta nesa ba kusa ba. Amma bakinsu ɗaya, kuma bakin nake son in gani.

Da hunturu na fara gwada shi, da ƙiraren darbejiyar ƙofar gida waɗanda suka bushe ƙayau. Gaskiya ya ba ni sha'awa. Fankar na tashi wutar ta murɗe ta yi tsaye kamar ta gas, hayaƙi ya ɗauke, butar shayi mai lita ɗaya ta tafasa cikin minti biyar da ɗan wani abu. Uwargida da ke kallo daga ƙofar kicin ta ce, "Malam, wannan kam ya yi." Sai na jona waya na zauna. Daga nan na gane cewa ba ni na sayi murhu ba, murhu ne ya samu bawa. Cikinsa ƙarami ne, dole kowane ƙirare a karya shi ya koma tsawon yatsa ko ɗan fi. Minti uku zuwa huɗu ya cinye abin da ka zuba. Ka tashi ka amsa sallama, kafin ka dawo wuta ta yi ƙasa, fitilar caji ta mutu. Bayan kamar minti arba'in toka ta taru ta toshe ramukan iska, sai an sauke buta an juye shi da zafinsa an sake hurawa daga farko. Awa ɗaya cur ina tsugune ina karya itace, gwiwa ta riƙe, waya ta tashi daga kashi 20 zuwa 33. Da na lissafa sai na ga ba a cuce ni ba: wat 3 ne aka yi mini alƙawari, kuma batirin wayata zai sha fiye da awa shida a haka kafin ya cika. Ni ne na karanta kwali da idon kwaɗayi.

Na gwada masa kara, ya lashe shi kamar takarda. Na gwada kandilo, ya ci amma a daddafe, toka kuma ta ninka. Gawayi ya ba da zafi mai daɗewa, sai dai harshen wutar ba ya kaiwa ga ƙarfen nan sosai, caji ya yi rauni.

Da damina ta faɗi na sake fito da shi. Ƙiraren nan dai na darbejiyar nan, amma sun kwana a ruwa. Ashana bakwai na ƙyasta, na ƙare da ɗiga kananzir. Ya kama yana tsaki, ruwa na tsattsafowa daga bakin kowane itace yana kumfa, hayaƙi fari fat ya cika tsakar gida har maƙwabciya ta aiko yaro ya tambaya ko lafiya. Fitilar caji ko ƙyaftawa ba ta yi ba. Dalilin ba boyayye ba ne: kafin ɗanyen itace ya ba ka zafi sai wutar ta fara biyan bashin ruwan da ke cikinsa, ta ƙafar da shi. Sabon yankan itace kusan rabin nauyinsa ruwa ne, ɗanyar ciyawa kuwa ta fi kashi 70 cikin ɗari. To motar da aka ce za ta yanko abincinta da zarto, me za ta yanko in ba ɗanye ba? Kilo 68 ɗin nan sai ya ninka, in ciyawa ce ya ninka sau huɗu ko fiye, kuma duk ita za ta nemo, ta yanka, ta ɗauka a bayanta.

Yanzu maganar gawa, tunda ita ta tara mu.

A watan Yulin 2009 kafar Fox News ta buga labarin cewa na'urar za ta iya ciyar da kanta da gawarwakin fagen fama, sauran kafafe suka ɗauka, duniya ta ɗau zafi. Cikin 'yan kwanaki kamfanonin biyu suka fitar da sanarwa cewa na'urarsu ganye kawai take ci, ba ta wuce ƙirare da yankakkiyar ciyawa da ɓarɓashin katako ba. Suka ƙara da cewa wulaƙanta gawa laifin yaƙi ne a ƙarƙashin sashe na 15 na yarjejeniyar Geneva ta dokokin yaƙi, kuma ba su ba, ba DARPA ba, babu mai goyon bayan haka. Masu shakka suka ce ai a takardun aikin an lissafa kitsen kaza cikin abin da injin zai iya ƙonawa, to me ya raba kitse da kitse?

Yarona yana cikin masu shakkar. Ya ce kamfani ai ba zai tona wa kansa asiri ba. Na ce to gani ya kori ji. Ranar da aka yanka kaza a gida na sa ya zo. Na so in yanko tsoka, uwargida ta ce ba da namanta za a yi wasan yara ba, sai ta ba mu hanji da ɗan kitsen da ke manne da shi. Muka hura murhu da busassun ƙirare har wutar ta miƙe, fitilar caji ta kama. Na jefa kitsen. Ya narke, wuta ta yi sama ta yi ja, ta ɗan ƙara ƙarfi na kamar minti guda. Yaron ya dube ni yana murmushi, wai ya ci gari. Sai na jefa hanjin, kamar cikin tafin hannu. Ji kake cuuu, tururi ya tashi, wutar ta durƙusa, ƙauri ya turnuƙe mu, fitilar ta mutu. Da muka juye murhun, ga hanjin nan ya yi baƙi a waje, cikinsa ko dahuwa bai gama ba.

"Oga, ashe kashe wutar yake yi."

Na ce masa ya tuna da mai tsiren bakin titinmu. Da nama na cin wuta da kansa, da bai riƙa sayen itace kullum ba. Jikin ɗan Adam kusan kashi 60 cikin ɗari ruwa ne. A gidajen ƙona gawa na zamani, akan hura mata iskar gas a ɗaki mai zafin da ya kai digiri 800 ko fiye, na awa ɗaya da rabi zuwa uku. Tataccen kitse mai ne, wannan gaskiya ne, amma kafin ka raba shi da jiki sai ka kafa masana'anta. Don haka ko da a ce masu na'urar ba su da imani ko kaɗan, lissafin wuta kaɗai ya isa ya hana su.

Abin dariya, na'urar da ta taɓa cin nama da gaske ba ta soja ba ce, ta malaman jami'a ce a birnin Bristol na Ingila. EcoBot II sunanta, a 2004 aka yi ta. Ita ba ƙonawa take yi ba. Tana da wasu ƙananan akwatuna takwas masu ƙwayoyin bakteriya daga ruwan kwata, a jefa wa kowanne mataccen ƙuda ɗaya, bakteriyar ta ruɓar da shi ta saki ɗan lantarki. Gudunta santimita 10 a awa. Kunkuru zai je ya dawo ya yi barci bai ga ta motsa ba. Kafin ita akwai Chew-Chew, wadda Stuart Wilkinson ya haɗa a Jami'ar South Florida wajen shekarar 2000, mai cin sukari, shi ma sai an sa mata a baki. Wannan ne iyakar dodon da ake tsorata mutane da shi.

Ni abin da ya hana ni barci a kan EATR daban ne, kuma ban ga masu yaɗa saƙon sun kula da shi ba. Itacen wa za ta ci?

Yaƙe-yaƙen da aka yi tunaninta dominsu a Iraƙi da Afganistan aka yi su. Ɗaya hamada, ɗaya duwatsu. Binciken hukumar muhalli ta Majalisar Ɗinkin Duniya na 2003 ya nuna cewa dazuzzukan gabashin Afganistan, wajen Kunar da Nuristan da Nangarhar, sun ragu da fiye da rabi cikin shekara ashirin da 'yan kai. A Kabul a kan sikeli ake sayar da itacen hunturu, da wani ma'auni mai nauyin kilo 7, kuma talaka da shi yake raba 'ya'yansa da sanyin ƙanƙara. Cin mota ɗaya na tafiya ɗaya ya kusa ma'auni goma. A irin wannan ƙasa duk busasshen itacen da ka gani yana da mai shi: ko dai wata mata ta tara shi a bayan ɗaki, ko shingen gona ne, ko azarar rufi, ko harawar da aka ajiye wa awaki. Kuma mun riga mun ga cewa busasshen ne kaɗai ke da amfani gare ta. Ke nan na'urar da aka koya wa neman mafi kyawun makamashi, kai tsaye rumbun mutane za ta nufa. Kyamara na iya gane cewa wannan itace ne wancan dutse ne, amma ba ta gane cewa wannan damin na wata gwauruwa ne. Sanarwar kamfanin ta ambaci sashen da ya kare matattu. Akwai wani kuma, sashe na 54 na ƙarin yarjejeniyar da aka yi a 1977, wanda ya hana lalata abin da farar hula ke rayuwa da shi, irin su amfanin gona da dabbobi da ruwan sha, kuma har yau Amurka ba ta tabbatar da wannan ƙarin ba. Mu kam tun muna makarantar allo muka ji wasiyyar Sayyadina Abubakar ga rundunar da ya tura Sham, cewa kada su sare itace mai 'ya'ya. Sojan da ya je neman zukatan mutanen ƙauye, motarsa kuma ta bi dare ta cinye musu shinge, an gudu daga gidan gara an faɗa na zago.

Sai kuma abin da kowane soja zai fara tambaya. Murhu yana hayaƙi, yana zafi, zarto yana ƙara. An tallata ta da cewa za ta yi watanni a daji tana leƙen asiri, alhali kyamarar da ke ganin zafi da dare za ta hango ta kamar fitila a duhu. Ba hasashe nake yi ba. Alfadarin ƙarfen nan mai ƙafa huɗu na kamfanin Boston Dynamics, LS3, an ƙera shi har ya yi tafiya da sojoji, yana ɗaukar kilo 180. A ƙarshen 2015 sojan kundunbala na ruwan Amurka suka jingine shi, babban dalilinsu kuwa ƙarar injinsa, wadda za ta tona inda suke. Su ɗin dai suna da sansani a Bridgeport ta jihar California inda ake koya wa soja ɗaura wa alfadari kaya, alfadari na gaske mai kunne da wutsiya. Shi ma yana kiwo da kansa, yana cin ɗanye yana cin busasshe, ba ya hayaƙi, ya san hanyar gida, in ƙaya ta soke shi ya warke ba tare da an yi odar safaya daga Florida ba.

Tambayata ta ƙarshe, wa zai gyara. A murhuna abin da ya fara ba ni matsala ba lantarkin ba ne, toka ce da kunkunniya. Ƙarfen da ke ɗebo zafi yakan yi baƙi ya yi kauri, caji ya ragu, sai na kankare shi da buroshin waya. A na'ura mai bututun tururi sirara, wannan dattin shi ne ajali. Ƙara da zarton da zai dakushe in ya ci ƙasa, da sarƙarsa da ke son mai da ɗauri, da ɗanyen reshe da zai maƙale a maƙogwaron injin. Duk waɗannan aikin minti biyar ne ga yaro mai sifana, amma an ce babu mutum a tare da ita. Turai ta taɓa tafiyar da motoci wajen miliyan guda da itace a yaƙin duniya na biyu, lokacin da fetur ya yanke, da tukunyar da Georges Imbert ya ƙirƙiro wadda ke mayar da itace iskar gas. Ta yi aiki, har yau ma akwai manyan motoci irin haka a Koriya ta Arewa. Amma kowace tana da direba da ke saukowa ya zungure wuta, ya kwashe toka, ya wanke matata, kuma itacen an riga an faskara an shanya masa. Fetur na dawowa kowa ya cire tukunyar ya jefar.

Da wani zai kawo mini takardar EATR ya ce in ba shi shawara, sai in ce ya sayi injin ya bar motar. Injin da ke cin kowane irin makamashi, a kafa shi wuri ɗaya kusa da inda shara mai ƙonuwa ke taruwa da kanta, mutum na ciyar da shi, wannan sana'a ce mai riba. A jihar Bihar ta Indiya kamfanin Husk Power ya fara haska ƙauyuka da ɓuntun shinkafa tun 2007, ta hanyar mayar da shi iskar gas, kuma duk wanda ya ga tsibin ɓuntu a bayan injin casa ya san babu wanda za a yi rigima da shi a kansa. Injin Cyclone dai, maki huɗu cikin biyar na ba shi a kan takarda. Hannun da zarton da yawon kiwon, ɗaya, ita ma don ƙoƙari.

Murhun ƙanena kuwa uku na ba shi. In kana tafiyar daji da rani, ko kana kwana a gona, kuma shayi ne babban burinka caji kuma ƙari, zai yi maka. In don caji kawai za ka saya, ƙaramin faifan sola ya fi shi araha, kuma ba ya son a tsuguna masa. Nawa yanzu yana shago, yaron ne ke dafa mana shayin safe da shi da guntayen katakon da yake roƙowa wajen kafintan da ke kusa da mu. Na ce masa ya riƙa juye tokar kafin ta kai ramukan iska, har yau sai na tuna masa.